Idon Abiao

Gida, bakin tafki,
26 ga wata na shida.

Zuwa ga matata Runlan,

Gaisuwa mai yawa da fatan alheri. Yaya ciwon bayan nan naki? Yaya 'yarmu Yanyan da karatu? Ni kam da sauƙi, in an cire haƙori guda da na tofar yau da safe a ƙofar gidanmu.

Ba zan yi miki kwana-kwana ba. Ƙanena Abiao yana asibitin birni, idonsa na hagu a naɗe. Gao ne ya buge shi. E, Gao dai abokin aikina, wanda kike cewa ko ƙuda ya faɗa masa a miya sai ya ba shi haƙuri.

Jiya da faɗuwar rana aka kunna babban itacen Bikin Wuta a dandali. Bana Abiao ya fi kowa rawar kai, tunda yana cikin waɗanda aka haifa wa ɗa namiji, da hannunsa aka kafa itacen. Samari suka bazu da bakin wuta da jakunkunan garin ƙaro mai kama wuta, suna watsa wa mutane a ƙafa don ƙona tsiyar shekara. Gao yana tsaye kusa da ni. Abiao ya zagayo ta baya, ya sauke wutarsa daidai ƙaurin Gao, ya watsa gari cike da hannu. Wuta ta yi bal har ƙugu. Jama'a suka kwashe da dariya, ana jiran baƙo ya yi godiya.

Runlan, ban taɓa jin ɗan Adam ya yi irin wannan ƙara ba, sai sa a mahauta. Gao ya fizge itacen wutar daga hannun Abiao ya maka masa a fuska ta gefen da ke ci. Ya ƙara. Ya sake ƙarawa yaron yana ƙasa. Sibao ɗan Baffa ya ɗare bayansa, Gao ya girgije shi ya faɗa kan teburin mai sayar da 'ya'yan itace. Sai da ƙarti huɗu suka taru kafin a ƙwace itacen. A cikin hargitsin na ja Gao ta lungun rijiya, na tura shi gida na sa sakata.

Yau da hantsi Sibao ya zo da mutum wajen ashirin, masu sandunan dako da masu filafilin jirgi. Sun farfasa sassaƙen furannin da ke saman ƙofa, aikin kakanmu. Na fita don in ba su baki, Sibao ya ce, "Kai ɗan birni, fito mana da jakin naka mu koya masa gaisuwa!" Bai rufe baki ba na ji sanda a muƙamuƙi. Da na faɗi suka bi ni da ƙafa, yaran da na goya a bayana. Inna ce ta fito da 'yar kujerarta, ta dasa a bakin ƙofa ta zauna, farcenta ja wur da lallen biki. Ta ce, "To bismillarku, jarumai. Mai shiga ya tsallake ni." Babu wanda ya iya.

Baffa ya ce dattawa za su zauna ranar ashirin da tara a farfajiyar ɗakin bauta. Sibao ya rantse ko me suka yanke, Gao ba zai bar garin nan da idanu biyu ba.

Kada ki taso. Ki shafa min kan Yanyan.

Mijinki,
Wenkui

Gida,
28 ga wata.

Runlan tawa,

Bayan gaisuwa da tambayar lafiyarku, ina fata wasiƙata ta farko ba ta hana ki cin abinci ba. Labari bai yi daɗi ba. Likita ya cire idon jiya. Da labarin ya iso gari, su Sibao suka yi ta ruwan duwatsu a kan rufinmu tun azahar, sun fasa tayil ya fi talatin, sun karya gorar da Inna ke shanya cuku. Wani dutse ya tsallako ya yi wa farin bangon tsakar gida rami, daidai kan taken gidanmu da ke rubuce a jikinsa.

Abin da ke cin raina shi ne yadda Gao ya so garin nan. Shekara goma ina cika masa kunne da labarin gida, yana cewa ƙarya nake. Ranar da muka sauka ya tsaya gaban bangon nan ya fi rabin awa, yana kallon yadda yake mayar da hasken yamma cikin ɗakuna. Ya bi ƙofofin falo shida yana shafa tsuntsayen da aka sassaƙa a jikinsu da yatsa. Abiao ya ɗauke mu a keken dokinsa muka ratsa gonakin shinkafa har tafki, yana tsokanarsa, "Yaya Gao, ka zauna tsakiya, dokin nan maraya ne." Gao ya ci gurasa uku a tsaye gaban mai gashi. Ya ci gasasshen cuku da zumar fure har ya ɓata gemu. Kifin tsami da barkono ya sa shi hawaye, bai ajiye kwano ba. Inna ta ce wannan ne ɗa, ba ni da nake tsakurar abinci kamar amarya ba.

Amma da safen biki, da aka yanka alade aka lulluɓe shi da karan shinkafa aka sa wuta don babbaka, na waiwaya ban ga Gao ba. A bayan gida na same shi, ya dafa bango, rigarsa sharkaf da gumi.

Yanzu zan gaya miki abin da ban rubuta shekaranjiya ba. Na san abin da ke damunsa. Kafin ya zo Kunming wurinmu, a ramin kwal yake aiki. Wuta ta tashi a ƙasa, su goma sha ɗaya suka sauka, uku suka fito. Shi ya sa bai taɓa zama da singileti ba ko ana zafin mutuwa. Ni kaɗai ya taɓa tuɓe wa riga na ga tabon ƙunar da ke bayansa. Bara kuma matarsa ta rasu. Sai na ce a raina, mutum da tsiya ta bi haka, ai garinmu ne maganinsa. Mu da aka watsa mana wuta tun muna rarrafe, wa ya taɓa jin ta yi wa wani illa?

Ni na sayi garin ƙaron, Runlan. Ni na danƙa wa Abiao jakar, na nuna masa Gao na ce, "Ka cika hannu, tsiyarsa da kauri." Abiao ya ce, "Yaya, ka gaya masa kuwa?" Na ce, "In na gaya masa ina daɗin?" Ba zan yi miki ƙarya ba, alheri na nufa, amma har da son in ga ƙaton nan ya yi tsalle mu yi dariya.

An ce tsuntsun da ya ja ruwa shi ruwa kan doka. Ni na ja, ya doki mutum biyu ya bar ni. Abiao bai faɗa wa kowa ba. Matarsa ta ce tun da ya farfaɗo bai yi magana ba. Gao yana ɗakin sama kusa da allunan sunayen kakanni, ba ya cin komai, in na shiga sai ya ce, "Ɗan'uwa, na ci amanar gidanku."

In na yi shiru gobe, za su ce baƙo ne ya rama alheri da mugunta, kuma kin san Sibao ba ya rantsuwar banza. In na yi magana, ni ne na cire wa ɗan Inna ido. Tsoro nake ji, ban taɓa jin irinsa ba.

Ki gaida maƙwabta, amma kada ki ba su labari.

Naki,
Wenkui

Gida,
29 ga wata, da yamma.

Matata Runlan,

Ina gaishe ki, ina gaida Yanyan, da fatan kun wuni lafiya. Ki yi haƙuri da rubutun, da hannun hagu nake yi.

Gao bai jira an zo ɗaukarsa ba. Da safe ya sauko, ya rusuna wa Inna, ya zare sakata da kansa. Kafin mu kai ɗakin bauta su Sibao sun fasa masa kai sau biyu, sun ɗaure masa hannu ta baya da igiyar jirgi. Bai kare ko duka ɗaya ba. A farfajiya suka durƙusar da shi gaban dattawa. Sibao ya zo da bakin wuta yana ci, rana tsaka, yana kaɗa shi kusa da fuskarsa yana cewa, "Ai kai gwani ne, nuna mana yadda ake yi." Gao ya ɗaga fuskar ya miƙa masa. Dattawa suna ta "kai, kai", babu wanda ya tashi.

Ranar wanka ba a ɓoyon cibi. Na shiga tsakani na faɗi komai, ramin kwal da jakar gari da tambayar da Abiao ya yi min da amsar da na ba shi. Baffa ya ce, "Ka sani, ka kuma sa yaron?" Na ce na sani. Sibao ya juyo da itacen kaina, na tare da hannun dama. Ƙuna ce da karaya a yatsu biyu. Ban ji haushinsa ba.

Baffa ya sa aka kwance Gao, ya ce wanda aka tura rami ba a tambayarsa don me ya faɗa kan wani. Na matsa in taimaka masa ya miƙe, ya janye kafaɗarsa. Ya dube ni da jini a gira ya ce, "Kai kaɗai na tuɓe wa riga." Ya bi hanyar gonaki zuwa titi, ko jakarsa bai koma ɗauka ba. Da idanunsa biyu ya tafi, wannan kaɗai nake riƙe da shi.

Na dawo gida ina jiran Inna ta rufe ni da faɗa, ko ta ɗauki muciya. Da ma ta yi. Sai na tarar ta share falo, ta sa tufafinta na fita. Ta nuna min kujerar dama ta ce in zauna. Ta gasa ganye a 'yar tukunya, ta yi min shayin nan kashi uku, mai ɗaci, da mai zaƙi da gyaɗar dutse da cuku, da na ƙarshe mai zuma da citta. Kowane kofi da hannu biyu ta miƙo min, tana ɗan rusunawa. Runlan, ke 'yar ƙasar nan ce, kin san ba a yi wa ɗan gida wannan shayin. Shekarata arba'in da huɗu, ban taɓa shan sa daga hannunta ba.

Na ce, "Inna." Ta ce, "A sha da zafi, baƙo. Motar Kunming da hantsi take tashi, kada a makara."

Na shanye duka ukun, don ba a mayar wa mai gida kofi.

Ina tafe gobe in Allah ya yarda. Ki gaya wa Yanyan kakarta tana lafiya, kada ta tambaye ni tsaraba.

Ki huta lafiya.

Ni ne mijinki,
Duan Wenkui