Na Yi Wa Mahaifiyata Tafinta, Na Cuce Ta

Malama Atika, don Allah ki taimake ni, saura kwana goma sha biyu a nuna fim ɗin a silimar Maraɗi.

Ni mushen lakwal ne, wato malamin makaranta, a Madarumfa. A 1971 wana Ɗan Baba ya kashe abokin kamun kifinsa a bakin tabki, yanzu yana kaso. Bana wasu masu fim suka zo daga Yamai, wai suna binciken abin da ke mai da mutum mai kisa. Ni na yi musu tafinta.

Suka kafa kamera gaban Inna, suka ce ta faɗi sunansa, ta faɗi ko tana sonsa. Ɗan fari! Ta kau da kai, ta ce ba ta da ta cewa a kan yaron nan. Na juya musu haka a Faransanci, ban ƙara ko kalma ba. Gaskiya haushinsa nake ji, kuma ban so su ɗauke mu ƙauyawa. Jiya suka rubuto mini bayanin da za su ɗora a kan hotonta: uwa ce da ba ta taɓa ƙaunar ɗanta ba, shi ya ƙeƙasar masa da zuciya.

Malama, matar da kowace Juma'a take dama fura ta aika kaso, ta ce a ce daga gare ni ne! Har yanzu ba ta san komai ba. Tsoro nake ji.

Ɗan da ya rasa mafita, Madarumfa

Ɗana, ka yi laifi, ba zan shafa maka mai ba. Su baƙi ne, abin da suka gani suka ɗauka, kuma dangin mamacin suna da haƙƙin a tambayi dalili. Kai ne ka san kunyar ɗan fari, ka yi shiru.

Yau ka gaya wa Inna da bakinka, kafin ta ji a kasuwa. Kada ka sake zaunar da ita gaban kamera. Kunyarta ba abin gyara ba ce. Gobe ka hau motar Yamai, ka ce musu tafintansu ya ba su rabin magana. Mai neman gaskiya zai saurare ka. In sun ƙi, ka roƙi su cire Inna gaba ɗaya.

Sannan kai ka zauna gaban kamerar. Ka faɗi zancen furar, kada kuma ka wanke wan naka daga abin da ya aikata. Ita al'ada ta hana ta kiran sunansa. Kai babu abin da ya hana ka sai fushi.

Allah Ya ba ka ƙarfin hali, Ya rufa wa Inna asiri.