Kajijin Dada

Litinin, 4 ga Nuwamba, 2024

Yau na ga kajiji da rai. Shekara huɗu ina karanta ilimin tsirrai, a matse cikin takarda kawai na san shi. Dakta Juliana, mai aikin ƙidayar ciyayin fadama da ta ɗauke ni, ta ce in nemo shi tsakanin Birnin Kudu da Gwaram. Sati uku ban samu ba, noman rani ya cinye wurarensa. Wata tsohuwa mai haɗa turaren wuta, Dada, ita ta kai ni, a bayan Farin Dutse.

Wurin da ya fito taku goma sha tara ne tsawo, bakwai faɗi. Dangin aya ne, amma su karansu kusurwa uku, nasa zagaye, da gaɓoɓi a ciki. Ba ganye, sai kube a gindi. Saiwar ce rayuwarsa: sama ya bushe da rani, ita tana ƙasa tana jiran ruwa. Ita ce kuma mai ƙamshin.

Dada daga gefe kawai take tona. Kowane rami sai ta mayar da ƙullin saiwa uku ta danne da dunduniya. Ta ba ni biyar. "Lailatu, idonki ya gani, bakinki bai gani ba." Na ce to.

Alhamis, 7 ga Nuwamba

Littafi ya ce yana nan a ƙasashe masu zafi, Afirka da Asiya da Amurka, duk inda ruwa ke kwanciya. Duniya guda. A nan kuwa taku goma sha tara.

Biyu na matse, uku na sa a tsohon bokiti da laka.

Laraba, 13 ga Nuwamba

Na yi abu.

A kasuwar Gwaram na tsaya wurin Malam Barau mai kayan turare, in ga saiwar da yake sayarwa. Yana gaya wa wata mata wai kajiji ya ƙare a ƙasar nan kaf, sai daga gabas. Ba da ni yake ba. Na ce ba haka ba ne. Ya yi dariya: "'Yar boko, a allo kika gan shi?" Sai na ciro waya. Hoto, taswira, har tsamiya biyun da ke bakin wurin. Ya daɗe yana kallo. Ya daina dariya.

Gyara kawai na yi. Abin da ya faɗa kuskure ne.

Juma'a, 15 ga Nuwamba

Na kasa cin abinci. Umma ta ce ko zazzaɓi ne. Dada ba ta da waya. Ko da tana da ita me zan ce?

Asabar, 16 ga Nuwamba

Wataƙila Malam Barau bai gane wurin ba. Tsamiya ai da yawa.

Talata, 19 ga Nuwamba

Ya gane.

Na koma wurin kajijin, tun daga nesa na ga ƙasar ta yi baƙi. Da diga suka yi, ba fartanya ba. An kife wurin daga wannan baki zuwa wancan, ga sawun babur, ga yagaggen buhu. Ƙamshi ko'ina, har ya sa ni jiri. Na durƙusa ina tona da hannu, gutsattsari kawai, rana ta busar da su. Na juyo ban shiga ƙauyen ba.

Kakar Dada ce ta nuna mata wurin. Ni kwana tara na riƙe sirrin.

Asabar, 23 ga Nuwamba

Na je gidan Dada, da bokitin a kan cinyata cikin bas. Duka ukun sun yi tsiro.

Dada na tsince wake. Na gaishe ta, na faɗa duka kafin tsoro ya rufe mini baki. Ba ta ɗago ba. "Na sani. Barau ya ce wata mai waya ce." Ta ci gaba da tsince wakenta. Sannan ta leƙa bokitin. "Nawa?" Na ce uku. "Rami ɗaya ke nan. Ɗauko."

Ba tsohon wurin muka je ba. Wani kwari ne can gaba. Ta ce in bar wayar a gidanta, na bari. Ni ta sa na danne da dunduniya. "Ba da yatsu ba, 'yar nan, ba rawa kike ba."

Na tambaye ta ko zai kama. Ta ce ita ba ta taɓa shukawa a sabon wuri ba.

Asabar, 21 ga Yuni, 2025

Kara goma sha ɗaya a sabon wurin, mafi tsawo ya kai gwiwata. Har yanzu gabana faɗuwa yake in na ji babur a hanyar.

Jiya na miƙa rahoto. A gurbin wuri na rubuta "Gwaram". Dakta ta ce ina lambobin taswira, ni da ban taɓa barin gurbi ba? Na ce ban tafi da waya ba ranar. Gaskiya ne kuma.

A nan ma ban rubuta sunan kwarin ba. Na dai lura yanzu.