Farfesa, A Buɗe Ɗakin Kwamfuta Ta Duba Amsar Ɗiyata

Zuwa ga Farfesa, Shugaban Sashen Kimiyyar Kwamfuta na jami'ar da ɗiyata take karatu.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi wa barakatuhu. Bayan gaisuwa da girmamawa, ina fatan kana lafiya, kai da iyali da malaman da ke ƙarƙashinka. Ya aiki, ya haƙuri da jama'a? Allah ya dafa maka.

Zan fara da maganarka, Farfesa, don ta fi tawa nauyi. Ranar da aka rantsar da su ɗiyata a matsayin sababbin ɗalibai, ka tsaya gabanmu mu iyaye ka ce: "A wannan sashen ba a cin jarrabawa da hadda. Ɗalibi zai rubuta aikinsa, a ɗora a kan kwamfuta, ita za ta ce ya yi ko bai yi ba. Kwamfuta ba ta san ɗan wane ba." Ina zaune kusa da gaba. Na tafa har mayafina ya zame, na dawo gida Kambarawa ina ba maƙwabta labarin an samu mutumin kirki a jami'a. Yau ga maganar na dawo maka da ita, ko ka manta inda ka ajiye ta.

Ni malamar kimiyyar sinadarai ce a sakandaren 'yan mata, na haura shekara ashirin riƙe da alli. Ɗiyar da nake magana a kanta ita ce ta fari, kuma sunan mahaifiyata ta ci, don haka Ummi nake ce mata. Ka san mu da kunyar ɗan fari. Ko a gidan biki aka yabe ta, kawar da kai nake yi kamar ba ni na haife ta ba. Idan ka ga na fito da zancenta bainar jama'a, to abin ya kai inda kunya ba ta da amfani.

Ga abin da ke tafe da ni.

Na ɗaya. Akwai kos guda a sashenka, wanda ake koya wa ɗalibai yadda kwamfuta take aiki daga ciki: yadda ƙwaƙwalwarta ke karɓar umarni ɗaya bayan ɗaya, inda take ajiye abu, da yadda take ɗauko shi. Ummi ta faɗi wannan kos ɗin sau biyu. Duk sauran darussanta ta ci su, wasu ma da maki mai kyau. Ƙawayenta sun tafi bautar ƙasa, suna turo mata hotuna cikin kaki, ita kuwa tana gida saboda wannan darasi ɗaya tak. Yanzu an sanar da ita cewa zaman da za ta yi a ƙarshen wannan zangon shi ne na ƙarshe. In ta sake faɗuwa, za ta bar jami'a hannu rabbana, babu digiri babu dalilinsa, bayan duk shekarun nan.

Da yarinyar ba ta da kai, da na yi shiru. Na kayar da 'ya'yan mutane da hannuna, na san zafinsa kuma na san wajabcinsa. Amma wannan ita ce tun tana sakandare ta kwance wata tsohuwar kwamfuta da na sayo a gwanjon makarantarmu, ta baje kayan cikinta a kan tabarma, na fito daga kicin na kama salati, kafin la'asar ta mayar da komai ta kunna ta tashi. Ita ce ta fahimtar da ni kos ɗin nan ina tsaye ina tuƙa tuwo. Ta ce in ɗauki ƙwaƙwalwar kwamfuta kamar mai girki: abin da ke hannunta shi ne mafi kusa, sai na kan faranti, sai na cikin sito, kuma duk gwanintar ita ce kada a riƙa zarya zuwa sito kan ɗan gishiri. Ni da ban taɓa karanta fannin ba na gane. Wadda ta iya koyar da uwarta, yaya aka yi ta kasa gamsar da malaminta har sau biyu?

Na biyu. Na je neman amsar wannan tambayar, kuma na same ta. Babbar tambayar jarrabawar bara, wadda ta kwashe mafi yawan maki, ita ce ɗalibi ya rubuta jerin umarnin da zai sa kwamfuta ta jera lambobi daga ƙarami zuwa babba. Da biro aka rubuta, a kan takarda. Ummi ta rubuta nata ta hanyar da ta ga ta fi gajarta. Tana dawowa gida, ko hijabi ba ta cire ba, ta zauna ta sake buga abin da ta rubuta a tsohuwar kwamfutar nan tamu. Ta kira ni na ba ta lambobi a hargitse yadda na ga dama, kwamfuta ta jera su tsaf a kan idona. Da sakamako ya fito, sifili aka ba ta a wannan tambayar.

Na sami malamin kos ɗin a ofishinsa. Yaro ne mai ladabi, sa'an ƙanena, ya tashi ya ba ni kujerarsa, kuma bai ɓoye mini komai ba. Ya ce yadda ya tarar ana yi ke nan: akwai amsa guda a cikin handawut, wato takardun darasin da aka buga wa ɗalibai, ita ake ajiyewa a gefe ana gwada ta kowa da ita layi bayan layi. Layin da ya zo iri ɗaya ya sami maki, wanda ya saɓa a ja masa jan biro. Na tambaye shi ko ya gwada amsar Ummi a kan na'ura. Ya ce ɗalibai sun yi yawa, kuma ba a ba shi inda zai gwada ba. Ban ga laifinsa sosai ba, na dai ji tausayinsa.

Farfesa, kai ka fi ni sanin cewa aiki ɗaya ana iya rubuta wa kwamfuta shi ta hanyoyi da yawa. Idan na aiki yara biyu daga Kambarawa zuwa Ƙofar Guga, ɗaya ya bi titi ɗaya ya ratsa ta lungu, duka suka kai saƙon, zan zane na biyun ne don bai taka sawun na farko ba? Abin da ake yi a sashenka ke nan. Wanda ya haddace handawut ya zazzage shi a takarda ya wuce, ko da bai san abin da layi ɗaya yake nufi ba. Wanda ya yi tunani da kansa ya faɗi.

Na uku, kuma nan ne raina ya fi ɓaci. Kuna da inda za a gwada. Da na fito daga wurin malamin, ɗalibai suka nuna mini wani sabon ɗaki a ƙarshen baranda. Na kafa fuskata a gilashin taga na leƙa. Kwamfutoci ne reras a kan tebura, kowace da ledarta ba a ɓare ba. An kafa allon sanarwa a bango an lulluɓe shi da ƙyalle, ƙofa kuma da kwaɗo ƙato. Tun Ummi tana aji biyu ɗakin yake a haka. Wai wani babban mutum ne ya ba da kyautar, kuma ba za a taɓa ba sai ya zo da kansa ya yanke zare an ɗauki hoto. An sa rana ya tafi Umara. An sake sawa ta ci karo da bikin ɗansa. Daga nan siyasa ta kankama, aka daina ma zancen. Allah ya saka masa da alheri kan kyautarsa, amma ban yi zaton ya saye su don ƙadangaru su sami wurin shan inuwa ba. Kuma ina kyautata masa zaton da za a gaya masa 'ya'yan mutane na faɗuwa saboda jiran almakashinsa, da ya ce a buɗe. Wa ya gaya masa? Kai ka taɓa?

Kada a ce mini rashin kayan aiki. Shekarar da ɗakin gwajinmu ya rasa sinadarin gane tsami, zoɓo na dafa na kai aji, muka ɗiga lemon tsami a wani kofi, kanwa a wani, yara suka ga launi ya juya da idonsu. Mu da ba mu da shi mun ƙirƙira. Ku kuna da shi kun kulle.

Na huɗu. Na bi hanyar da ta dace kafin in kawo maganar nan shafin jarida. Na zo ofishinka har sakatariyarka ta gane takun takalmina, kullum kana mitin. Da Allah ya haɗa mu a wata walima a GRA, na tare ka na yi maka bayani a tsaye, ka saurare ni da fara'a ka ce za a duba. Ka ce makullin ba ya hannunka, yana sama. Farfesa, ranar da ka yi mana alkawari ba ka ce sai in sama ta yarda ba.

Yanzu bari in gaya maka abin da ya hana ni sukuni, ya sa na ɗauki alƙalami. Wata Asabar da hantsi ina shara na ji muryar Ummi daga ɗaki tana tashi tana sauka. Na ji daɗi, na ce yarinya ta koma ga tilawarta, Allah zai sanyaya mata zuciya. Na ɗaga labule don in sa mata albarka. Ashe handawut ne a cinyarta. Ta rufe ido tana rangaji gaba da baya, tana biya umarnin kwamfuta layi-layi, har da waƙafi da aya, in ta yi tuntuɓe ta koma farko. Kwamfutar nan da ba ta iya wuni ba ta taɓa ta ba, ta rufe ta da tsohon zanina ta ɗora kwanon abinci a kai. Na tambaye ta ko ta gwada wannan da take haddacewa ta ga yana aiki. Ta ce ba ta son ta sani, don in ta gano kuskure a ciki hannunta zai gyara shi a ɗakin jarrabawa, kuma gyaran ne zai kayar da ita.

Na koma tsakar gida na zauna a kan turmi, tsintsiya a hannu, na rasa abin da zan roƙa mata. In ta faɗi, an raba ta da digirinta. In kuma ta ci ta wannan hanyar, ban san wace ce za ta dawo mini gida ba. Ta rame, ta daina gardama, ita da ko kuɗin cefane sai ta yi mini musu a kan lissafinsa. Mahaifinta ya ce a bar wa Allah, mai haƙuri shi ke dafa dutse. Na ce masa Alhaji, dutsen nan ɗiyarmu ce a ƙarƙashinsa. Ita kanta ta roƙe ni kada in yi magana, wai za a sa mata ido. Wannan tsoron ma ina ɗauke da shi yanzu da nake rubutun nan, kuma na faɗe shi a fili don kowa ya zama shaida.

Ga abin da nake roƙo. Ba maki nake nema mata ba, ko rabin maki aka ba ta don ni ban yafe ba. A ɗauko takardar jarrabawarta ta bara, ainihin wadda ta rubuta da hannunta, don kada a ce abin da ta buga a gida daban ne. A buga amsar a kan kwamfuta gaban malamai, ita da ta duk ɗalibin da aka kayar a wannan tambayar. Wanda tasa ta yi aiki a mayar masa da haƙƙinsa. A buɗe ɗakin nan ko da babu mai yanke zare, kuma jarrabawar da ke tafe a duba ta yadda ka faɗa da bakinka. Idan aka gwada ta Ummi ta ƙi aiki, na yi alkawarin zan dawo wannan shafin in ba ka haƙuri da sunana, kuma ni ina cika nawa.

Na ba ka daga yau zuwa Juma'ar da za a shiga makon jarrabawa. Idan aka sauko daga masallaci kwaɗon nan yana nan, to ranar Litinin da safe zan yaye zanin da ke kan tsohuwar kwamfutarmu, in ɗora ta a keke napep tare da ƙaramin janaretonmu, in kafa tebur a gindin bishiyar bedin da ke ƙofar sashenka. Na riga na nemi izinin ranar a makarantarmu, kuma iyaye mata da dama sun ce za su zo da tabarminsu. Ba za mu yi ihu ba, ba za mu tare hanya ba. Duk ɗalibin da ke son ya ga ko aikinsa na tafiya, ya zo ya gwada. Amma da amsar da ke cikin handawut za mu fara, wadda aka kayar da 'ya'yanmu da ita. Ban san ko za ta yi aiki ba. Kai ma, Farfesa, ba ka sani ba.

Allah ya ƙara maka lafiya da ɗaukaka, ya ba ka ikon sauke amanar 'ya'yan mutane, ya sa naka 'ya'yan su faɗa hannun masu duba aikinsu da adalci. Allah ya sa makullin ya riga ni isowa.

Wassalam.

Malama Hadiza, mahaifiyar Ummi,
Kambarawa, Katsina.