Sunan da Ban Faɗa a Kotu Ba

Litinin, 7 ga Maris, 1983
Mun dawo daga kotu. Na kasa.

Abu kaɗan aka ce in faɗa: cewa yaron nan, kafin ciwo ya kwantar da shi, ya ba matarsa Marka fadamar rake kyauta, a gabana da Modibbo, malamin unguwarmu, da Goggo Nana. Su biyun sun faɗi nasu. Da aka zo kaina alƙali ya ce, "Wa ya ba ta?" Na ce mai fadamar. Ya ce, "Ba shi da suna?" Na ce marigayin. Sau uku yana tambaya. Ɗan farina ne. Tun ranar suna bakina bai taɓa kiransa ba, sai yau a gaban maza, ga baffansa Dodo yana kallona? Alƙali ya ce shaidar da ba ta ambaci mutum ba, ba shaida ba ce. Saura namiji ɗaya da mace ɗaya, ba su cika ba. Fadama ta koma cikin gado, Dodo zai samu rabo.

Laraba, 9 ga Maris
Marka ta kawo mini fura kamar kullum. Da ma zagina ta yi.

Juma'a, 1 ga Afrilu
Dodo ya kafa turakun iyaka a fadamar. Ya biyo ta ƙofar gida yana cewa, "Inna mai kunya, Allah shi ƙara kunya." Hure, ɗiyar marigayin, ta tambaye ni mi ta yi aka hana ta shan rakensu. Na ce ta tahi ta yi wasa.

Litinin, 18 ga Afrilu
Modibbo ya ɗaukaka ƙara zuwa Sakkwato a madadin Marka. Wai manyan alƙalai ba za su kira ni ba, abin da aka rubuta za su duba, ko daidai ne da aka ƙi shaidata. To yanzu har Sakkwato za a karanta cewa wata tsohuwa ta yi shiru.

Talata, 24 ga Mayu
Modibbo ya dawo a motar Gummi, ya zauna a zaure ya ba ni labari ta bayan zana. Sun ce alƙali ya san al'adar ƙasar da yake zaune. Shi ya kamata ya ambaci sunan, ya tambaye ni ko shi nake nufi. Kuma ni ma ina da rabo a gadon, shaidata rabona take ragewa, ba abin zargi a ciki. Sun soke hukuncin, a sake ji. "I kawai za ki ce, Inna," in ji shi.

Sun wanke ni. Ban ji na wanku ba. Baƙi a Sakkwato sun yi ta kiran sunansa yini guda, ni da na goya shi ban iya ba ko sau ɗaya, har ranar da ya cika yana riƙe da hannuna.

Litinin, 6 ga Yuni
An sake zama. Alƙali ya faɗi sunan, na ce i. An ba Marka fadamarta.

Da la'asar na raka Hure ta ga an cire turakun. Ta ce, "Inna, wa ya dasa wannan raken?" Ba kowa kusa sai mu biyu. Na ce, Shehu.

Ta ci gaba da shan rakenta.