Uwargida Ta Gyara Gem, Sarautata Ta Rushe

Anti, ki taimake ni, mutuncina na neman zubewa a shagona.

Ni mai aski ne. Akwai wata tsohuwar kwamfuta a lungun shagon, na sa mata manhajar da ke kwaikwayon na'urar gem ta zamanin yarintarmu, masu jiran layi suna buga gem ɗin faɗa da ni. Kwamfutar ta tsufa, hoton sai ya riƙa tafiyar hawainiya. Kafin naushin abokin karawa ya iso, na kurɓi shayi na kauce. Ba wanda ya taɓa kayar da ni, har Sarki ake kirana.

To uwargida mai gyaran waya ce. Ta zo kawo mini abinci, ta ga hoton yana sarƙewa, tausayina ya kama ta. Ta buɗe kwamfutar ta kakkaɓe ƙurar fanka, ta rufe tarkacen manhajojin da ke cin ƙarfinta, ta rage kyan hoton. Yanzu gem gudu yake kamar an koro shi. Anti, kowa dukana yake. Jiya surukata ta leƙo gaishe ni, ta danna maɓalli ɗaya da ka, ta shimfiɗe ni, shago ya ɗauki shewa. Na lulluɓe kwamfutar da tawul don ta yi zafi ta koma yadda take, sai ƙauri kawai. Yaya zan mayar da ita ba tare da uwargida ta sani ba?

Sarkin da aka tuɓe

Ranka ya daɗe,

Fara cire tawul ɗin nan, kafin ka rasa kwamfutar da shagon gaba ɗaya.

Na san da ciwo, sunan da aka saba kiran mutum da shi ba ya sakuwa da sauƙi. Amma uwargida ba ta yi laifi ba, kyautatawa ta yi, kuma aikinta ya yi kyau. Gudun da kake kuka da shi, shi ne ainihin gudun gem ɗin, da shi ka buga kana yaro. Yatsunka ne suka saba da hutu.

Ka yi mata godiya, ka bar gyaran yadda yake. Duk lokacin da shago ya yi shiru, ka ajiye shayin ka yi atisaye da hannu biyu. Ka kuma bar masu zuwa aski su riƙa cin nasara, wanda ya kayar da Sarki zai dawo gobe da abokansa.

Allah ya mayar maka da rawaninka. Amma kafin nan, idan surukarka ta sake leƙowa, ka ce an ɗauke wuta.