Guɗar Inna a Tsakiyar Shiru

Gwarzo, Laraba

Zuwa ga uwargidana Adawiyya,

Assalamu alaikum. Ina fata kina lafiya. Ya jikin Baba? Allah ya ƙara sauƙi, ya ba ki ladan jinya. Yara ƙalau suke, Ummi kullum tambayarta yaushe za ki dawo daga Funtuwa. Kin san a waya magana rikice mini take yi, shi ya sa na ba Nata'ala direba wannan takarda.

Fiyanon, babban abin kiɗan nan na Turawa, ta iso! Jiya da hantsi babbar mota ta kawo ta daga Kano, an naɗe ta da barguna, an cire ƙafafunta uku. Ƙarti takwas suka shigar da ita zauren taron makaranta. Mai saita sautinta ya ce a bar ta kwana biyu ta saba da zafin garin kafin ya taɓa wayoyinta. Na rubuta a littafina, na ja layi.

Na duba tsofaffin littattafaina. Ƙanena Mahbub yana ɗan shekara tara Kawu Uwaisu ya tafi da shi Legas, gidan tsohuwar da yake yi wa tuƙi, ita ta fara ɗora yatsunsa a kan fiyano. Yanzu shekara goma sha tara yana ƙasar waje, mutum dubu kan zauna su saurare shi shi kaɗai. Amma mahaifiyarmu Inna ba ta taɓa jin sa ba. Sau uku ya roƙe ta ta je Legas, ta ƙi. Ta ce zuriyarmu ta makiyaya ce, ba mu da makaɗi, kuma kiɗan da ba waƙa ba ubangida ba ta san sunansa ba. Ko sau ɗaya ba ta sa wa sana'arsa albarka ba. Shi ya sa ya kwaso fiyanon har gida. Ya ce in ba ta zo ranar Asabar ba, ya haƙura har abada.

Sau biyu na je Dugabau wurin Inna in shawo kanta. Ta ce ta ji. Ban san ko na iya faɗa ba, wataƙila na cika bayani.

Mahbub ya ce kiɗan kashi uku ne, da ɗan shiru a tsakani, ba a tafi sai ya miƙe. Na rubuta dokoki na karanta wa dangi: a kashe waya, ba liƙi, ba tafi ba guɗa sai an gama. Kawu Lukuman ya tambaye ni to ta yaya makaɗin zai san muna da rai.

Ki taya mu addu'a. Ki gaida Baba da Hajiya.

Naki,
Hambali

Gwarzo, Lahadi

Adawiyya,

Assalamu alaikum. Ya jikin Baba, ya gajiyar jinya?

Inna ta zo jiya! Bayan la'asar, zaure ya cika, har na fid da rai, sai ga ta da sandarta. Ta ƙi kujerar gaba da na ajiye mata, ta shimfiɗa tabarma a gefe. Na durƙusa na maimaita mata doka ta uku, ko kallona ba ta yi ba.

Kashi na farko gudu ne, yatsun nan kamar ruwan sama a kan kwano. Ya tsaya, ba wanda ya motsa, na ji daɗin dokokina. Na biyu kuwa a hankali yake tafiya, kamar shanu sun ƙoshi sun kamo hanyar gida. Ban san sunan abin da na ji ba, na dai tuna mahaifinmu marigayi Baffa. Ya kai ƙarshe, ya ɗaga hannuwa, shiru ya sauka.

A cikin shirun nan Inna ta kama hanci ta rangaɗa guɗa. Doguwa, irin wadda rabonta da yi tun rasuwar Baffa. Sauran mata suka ɗauka. Na ji kamar ƙasa ta tsage in shige, don akwai baƙi daga Legas, kuma ni aka ba amanar tsari. Mahbub ya sunkuyar da kai, kafaɗunsa na rawa, na ce shi ke nan, mun ɓata masa. Ya jira har suka gama, ya share ido da hannun riga, ya faɗa kashi na uku kamar an sako ingarma.

Da aka tashi na je ba shi haƙuri, ya ture ni gefe ya durƙusa gaban tabarmar. Inna ta kama yatsunsa ta juya su, ta tofa musu addu'a, ta ce, “Ashe magana kake yi da su. Allah ya yi musu albarka.”

Yau da safe Mahbub ya ce in fara nema wa Inna fasfo, yana da wasa a can ƙasar waje bayan damina. Ita kuma ta ce ta ji, amma wannan karon da murmushi. Na buɗe sabon shafi na jera abin da za a buƙata: hoto, takardar haihuwa, maganin gwiwa. Na zo layin dokoki na daɗe riƙe da biro, na bar shi fari.

Ki dawo da wuri, akwai abin da takarda ba za ta ɗauka ba. Gaisuwa ga kowa.

Mijinki,
Hambali