Mako Uku Ban Ji Muryarsa Ba

Daren Laraba, Jakara.

Barci ya ƙi zuwa. Ɗazu muna kallon fim ɗin ƙasar Sin mai fassara, na sojoji masu gadin ganuwa. Wani soja ya mutu, abokinsa ya ci gaba da rubuta wa matarsa wasiƙa da sunan mamacin. Nan take Yaya Sani, wan mijina, ya kashe talabijin. "Shirme ne," in ji shi, bai ko kalle ni ba.

To shi fa ya kawo fim ɗin.

Mako uku ke nan mijina Bashir bai kira ni daga bakin daga ba, sai saƙo a rubuce: "Ina lafiya." Bashir da ya tsani rubutu? Gobe zan ce ya turo min muryarsa, ko da tari ne.